Yadda ake gwada dokar adana momentom da motocin wasa biyu da sifirin

Wannan gwaji yana cikin waɗanda na fi son yi da masu fara koyon fiziks, domin ba ya neman agogo ko wata na'ura mai tsada. Kunnenka ne zai yi aikin agogo. Za ka jera motocin wasan yara biyu baya da baya, da sifirin a matse a tsakaninsu, ka sake su su ture juna, kowacce ta nufi shingen da ke gabanta. Kai kuma ka kasa kunne ka ji ko sun bugi shingayen a lokaci ɗaya. Sauran aikin na rula ne da sikeli.

Ga ɗan bayanin da kake buƙata kafin ka taɓa kaya. Momentom ɗin abu shi ne nauyinsa sau gudunsa, kuma yana da alkibla. Idan ka ɗauki tafiya dama a matsayin ƙari, to tafiya hagu ragi ce. Kafin a saki motocin duka suna tsaye, saboda haka jimillar momentom ɗinsu sifili ce. Dokar ta ce bayan sakin ma jimillar za ta zauna a sifili, muddin babu wani ƙarfi daga waje da ya sa baki. Dalilin yana cikin doka ta uku ta motsi da Isaac Newton ya wallafa a 1687: ƙarfin da motar hagu ta ture ta dama da shi daidai yake da wanda ta dama ta ture ta hagu da shi, kuma tsawon lokacin turin ɗaya ne gare su duka. Abin da ɗaya ta samu zuwa dama, shi ɗayar ta samu zuwa hagu. A rubuce, in mun kira motar hagu A, ta dama B:

nauyin A × gudun A = nauyin B × gudun B

Dabarar da ta sa ba ma bukatar agogo ita ce, idan motocin sun tashi tare kuma sun isa shingensu tare, lokacin da suka ɗauka ɗaya ne. Ke nan nisan da kowacce ta ci yana tsaya wa gudunta. Sai lissafin ya koma:

nauyin A × nisan A = nauyin B × nisan B

Wannan layin shi za mu gwada.

Kayan aiki

- Motocin wasa biyu masu taya huɗu, waɗanda ke gangarawa ba tare da turjiya ba. Kada ka ɗauko irin waɗanda ake ja baya su ɗana kansu, ko masu batir, domin akwai giya a cikinsu da ke riƙe tayoyi. An fi son masu faɗin baya, waɗanda za a iya ɗora musu kaya.
- Sifirin. Na cikin biro mai dannawa ya yi wa ƙananan motoci, amma yakan yi rauni da zarar an ƙara nauyi. Abin da ya fi min aiki shi ne ɗan abin nan na katako ko roba da ake maƙale kaya da shi a igiyar shanya, saboda sifirinsa yana da ƙarfi kuma yana da hannuwa biyu da za su ture motocin.
- Zaren ɗinki da ashana ko laita.
- Sikeli mai auna giram.
- Rula doguwa ko tef ɗin awo mai santimita.
- Shinge biyu masu nauyi. Ɗaya ya zama guntun katako, ɗayan ya zama ƙarfe ko gwangwani da aka cika da yashi. Zan faɗi dalilin bambancin a gaba.
- Abin ƙara nauyi: notuna, ƙananan batura ko guntayen ƙarfe.
- Salatif, alli ko fensir, takarda.
- Tebur mai santsi wanda tsawonsa ya kai mita ɗaya da rabi, ko daɓen siminti mai laushi, ko tayil idan babu ramin haɗi a kan hanyar motocin.
- Tabarau na kare ido.

Mataki na 1: Gwada motocin

Ka ɗan ture kowace mota da yatsa a kan teburin, ka bi ta da ido. Abu biyu kake dubawa: tana tafiya a miƙe, kuma tana yin nisa kafin ta tsaya. Wadda ke karkata gefe ko ta tsaya bayan taƙi biyu ba za ta yi ba. Sau da yawa gashi ne ko zare ya naɗe a sandar da tayoyin ke juyawa a kanta. Ka zare shi da allura, ka ɗiga mai ɗan kaɗan, ka goge abin da ya zubo. Kada mai ya taɓa fuskar tayar ko teburin.

Idan motocin ba iri ɗaya ba ne, ba komai. Amma su yi kusa da juna a sauƙin gangarawa.

Mataki na 2: Daidaita teburin

Wannan matakin shi aka fi rainawa, shi ne kuma ya fi ɓata sakamako. Ka ajiye mota a tsakiyar teburin ka cire hannu. Idan ta motsa da kanta, teburin ya karkata, sai ka cusa takarda a ƙarƙashin ƙafafun ɓangaren da ta gangara. Amma tsayuwar motar kaɗai ba ta isa shaida ba, domin gogayyar taya na iya riƙe ta a kan ƙaramar gangara. Gwajin da ya fi shi ne ka ture ta zuwa dama, ka lura da nisan da ta ci, ka sake ture ta da kwatankwacin wannan ƙarfin zuwa hagu. Idan kullum ta fi yin nisa a ɓangare guda, da sauran gyara. Wanda yake da lebur irin na magina sai ya ɗora ya huta.

A wasu gwaje-gwajen akan ɗaga gefe ɗaya na tebur da gangan don gangara ta cinye gogayya. A nan wannan dabarar ba ta aiki sam. Motocin suna tafiya ne ɓangarori biyu masu kishiyantar juna, don haka gangarar da ta taimaki ɗaya ita za ta danne ɗayar.

Mataki na 3: Auna nauyi

Ka rubuta A a jikin ɗaya, B a jikin ɗayar. Ka manna abin shanyar a bayan A da salatif, hannuwansa na kwance a gicciye yadda ɗaya zai dafa A, ɗayan ya dafa B. Sannan ka ɗora A a sikeli tare da shi, domin tunda zai tafi da ita, nauyinsa nata ne. Mutane da yawa sukan auna motar tsirara su manta da wannan, kuma a kan ƙaramar mota giram goma ba abin wasa ba ne.

Ka ƙara wa wadda ta fi sauƙi notuna har nauyinsu ya zo ɗaya. Don sauƙin bayani, bari mu ce kowacce ta zama giram 200. Ka ɗaure notunan da salatif sosai. Kayan da ke zamewa a kan mota lokacin tashi yana jinkirta ɗaukar gudunta, kuma idan ya faɗo a hanya gwajin ya lalace.

Mataki na 4: Ɗana sifirin

Sa tabaranka tukuna. Ka matse hannuwan abin shanyar har su haɗu, ka naɗe su da zare zagaye biyu ko uku, ka ƙulle. Ka bar ɗan wuri inda harshen wuta zai iya taɓa zaren ba tare da ya lashi motar ba. Yanzu ka matso da B har bayanta ya taɓa hannun da ke waje. Ta taɓa kawai, kada a manna ta, kada kuma a bar rata. Idan akwai rata, hannun zai buɗe a iska ya maki B maimakon ya ture ta, wani lokaci har ta yi tsalle.

Ka duba daga sama cewa motocin biyu suna kan layi ɗaya, kuma wurin turin yana tsakiyar bayan kowacce. Turin da ya faɗa gefe yana juya mota. Ka duba daga gefe kuma: idan hannun yana dafa B can sama, zai ɗaga tayoyinta na baya ko ya danne su. An fi son turin ya zo ƙasa-ƙasa, kusa da tsayin tayoyi. Idan bayan motar a zagaye yake, ka manna masa ɗan kwali mai tauri don ya zama shafaffe, ka sake auna nauyin.

Me ya sa sai an ƙona zare? Domin hannunka ƙarfi ne daga waje. Duk yadda ka kai da iya saki, yatsa ɗaya zai riga ɗaya barin motar, ko ya ɗan ja ta. Almakashi ma yakan ture zaren kafin ya yanke shi. Wuta kuwa tana cinye zaren ba tare da ta tura komai ba. Idan wurin bai dace da kunna wuta ba, ko yara ƙanana ne ke yi, ka danne motocin biyu da rula ɗaya a kwance a samansu, ka ɗage ta sama tsaye da sauri. Bai kai ƙona zare kyau ba, amma ya fi yatsu.

Mataki na 5: Kafa shingaye

Ka ajiye katakon a hagu, gwangwanin a dama, motocin a ɗane a tsakiya, A na fuskantar katakon. Nisan da za ka riƙa aunawa shi ne daga hancin kowace mota zuwa shingen da ke gabanta. Ba daga tsakiyar motar ba, ba daga sifirin ba. Ka matsa shingayen har nisan A da nisan B in an haɗa su ba da santimita 90. Na zaɓi 90 ne domin tana rabuwa biyu da uku ba saura. Ka manne shingayen da salatif ko ka danne su da littattafai, kada su matsa daga yanzu har ƙarshen aiki. Ka shimfiɗa tef ɗin awon a gefen hanyar, ka manne shi.

Idan sifirinka mai rauni ne, ka rage zuwa santimita 60. Ƙa'idar ita ce motocin su isa shinge da sauran gudunsu, ba suna jan ciki ba.

Mataki na 6: Saki na farko, nauyi ɗaya

Ka sa motocin yadda kowacce ke da santimita 45 a gabanta. Ka tsaya daidai tsakiya, ka kunna ashana, ka taɓa zaren, ka janye hannu. Kada ka bi motocin da ido, idanu ba sa iya kallon gefe biyu a lokaci guda. Wasu har rufe ido suke yi. Saurare kawai.

Idan ka ji ƙara guda, "kwas", sun isa tare. Idan ka ji biyu a jere, ɗaya ta riga. A nan ne amfanin bambanta shingayen yake fitowa: katako yana ba da ƙara mai kauri, gwangwani mai kaifi, don haka kunnenka zai gaya maka wadda ta fara isa ba sai ka yi canke ba. Idan katako ya fara ƙara, A ce ta riga, sai ka matsar da motocin duka biyu zuwa dama don tafiyarta ta ƙaru, ta B ta ragu. Ka fara matsawa da santimita biyu, in ka wuce gona da iri ka dawo da ɗaya, daga nan rabi-rabi, har ƙarar ta haɗe.

Da nauyi ɗaya ya kamata wurin ya faɗo kusa da 45 da 45. Idan ya kauce da fiye da santimita biyu ko uku, kada ka ci gaba. Ka musanya wa motocin wuri, A ta koma dama, B ta koma hagu. Idan har yanzu ɓangaren teburin nan ne ke riga, laifin tebur ne, ka koma mataki na 2. Idan kuwa motar nan ce ke riga ko ina aka sa ta, laifin tayoyin ɗayar ne, ko kuma awon nauyi.

Mataki na 7: Ƙara wa B nauyi

Ka ɗora wa B ƙarin giram 200, ta zama 400, A na nan a 200. Kafin ka saki, ka yi hasashe a takarda, kuma idan da ɗalibai kake yi ka sa kowa ya rubuta nasa. B ta ninka A sau biyu, don haka A za ta ci ninki biyu na nisan B. Ka raba 90 gida uku: A ta ɗauki 60, B ta ɗauki 30. Ka sa su a nan, ka ƙona zaren, ka saurara, ka gyara kamar ɗazu har ƙarar ta zama ɗaya. Ka rubuta nisan da ka samu na gaskiya, ba wanda ka yi tsammani ba.

Sai ka mai da B giram 600. Yanzu gida huɗu za a raba: A 67.5, B 22.5. Kowane nauyi ka maimaita shi aƙalla sau uku, kana kwance motocin kana sake nemo wurin daga farko, sannan ka ɗauki matsakaici. Ba na ba da shawarar wuce ninki uku ko huɗu da motocin wasa. Sandar tayoyinsu siririya ce, tana lanƙwasa, tayoyin su fara gugar jikin motar.

Wani abu da ke ba masu koyo mamaki: ƙarfin ɗaurin zaren bai shafi sakamakon ba. Ko ka matse sifirin sosai ko ka matse shi rabi, wurin da ƙarar ke haɗewa kusan ɗaya ne. Matsi mai yawa yana ƙara wa motocin gudu duka biyu, amma rabon gudun tsakaninsu nauyi ne kaɗai ke yanke shi. Yana da kyau ka gwada wannan da gangan sau ɗaya, ka ji da kunnenka.

Mataki na 8: Lissafi, da giɓin da za ka gani

Ka zana jadawali mai gida shida: nauyin A, nisan A, sakamakon ninka su, sannan nauyin B, nisan B, sakamakon ninka su. A misalin 200 da 400, lissafin takarda yana ba da 200 × 60 = 12,000 a hagu, da 400 × 30 = 12,000 a dama. Ka sa wa na hagu alamar ragi, ka haɗa, ka samu sifili.

Alamar nan ita ce zuciyar maganar. René Descartes ya kawo ra'ayin cewa yawan motsi a duniya ba ya ƙaruwa ba ya raguwa tun a 1644, amma bai sa alkibla a lissafinsa ba. A bisa nasa lissafin, motocinmu sun tashi daga sifili sun koma 24,000, dokar ta karye ke nan. Ayyukan John Wallis da Christopher Wren da Christiaan Huygens a kan karon abubuwa, wajen 1668 zuwa 1669, su suka daidaita zancen ta hanyar lura da ɓangaren da kowane abu ya nufa. Har yau ɗalibai sukan yi kuskuren nan na Descartes a jarrabawa.

A kan teburinka lambobin ba za su zo cif ba, kuma akwai ɓangaren da suka saba kaucewa. Galibi mota mai nauyi takan gaza kaɗan, misali ka samu 61 da 29 maimakon 60 da 30. Dalili shi ne gogayyar taya da tebur, wadda ƙarfi ce daga waje. Tana rage wa motocin biyu gudu da kusan adadi ɗaya a kowace daƙiƙa, amma B tun farko gudunta kaɗan ne, don haka abin da aka zaftare mata kaso ne babba na abin da take da shi. Idan giɓin da ke tsakanin hagu da dama bai wuce kashi biyar zuwa goma cikin ɗari ba, da motocin wasa, ka yi aiki mai kyau. Idan kana son rage shi, ka ƙara ƙarfin sifirin ka kuma rage nisan shingaye, yadda tafiyar za ta ƙare kafin gogayya ta yi ɓarna. Kada dai ka gyara lambobi don su yi kyau. Giɓin da ka iya bayyana dalilinsa ya fi amfani ga mai koyo.

Mataki na 9: Auna abin da ba ka san nauyinsa ba

Ka sauke wa B kaya ta koma giram 200, ka ɗaure mata dutse ko kwaɗo ba tare da ka auna shi ba. Ka nemo wurin da ƙarar ke haɗewa. A ce ka samu A ta ci santimita 63, B ta ci 27. Nauyin B da kayanta shi ne 200 × 63 ÷ 27, wato kusan giram 467. Ka cire 200 na motar, dutsen ya kama kusan 267. Yanzu ka ɗora shi a sikeli ka gani. Saboda dalilin da na faɗa a mataki na 8, amsar gwajin takan ɗan zarce ta sikeli. A ganina wannan matakin ne ke sa ɗalibi ya yarda da dokar, domin a nan ta gaya masa abin da bai sani ba.

Mataki na 10: Idan kana son ganin gudun kansa

Wanda yake da waya mai ɗaukar bidiyo zai iya auna gudu kai tsaye. Ka kafa wayar a sama tana kallon teburin tsaye, ba a karkace ba, kuma kada a riƙe ta a hannu. Ka manna ɗan farin tef a kan kowace mota a matsayin alama. Ka ɗaga rular a kan littattafai ta zo tsayi ɗaya da alamar, in ba haka ba abin da ya fi kusa da kyamara zai yi kamar ya fi tafiya. Bidiyo na yau da kullum yakan ɗauki hoto 30 a daƙiƙa ɗaya, kuma wayoyi da yawa suna da tsarin ɗauka a hankali mai hoto 120 ko 240. Ka duba saitin wayarka ka tabbatar da adadin, domin duk lissafin a kansa ya rataya.

Ka fara ƙirga hotuna bayan motocin sun rabu da sifirin, ba lokacin da yake kan turi ba. A ce a hoto 30 a daƙiƙa, A ta ci santimita 20 cikin hotuna 10. Hotuna 10 sulusin daƙiƙa ne, gudunta ya zama mita 0.6 a daƙiƙa. Idan B mai giram 400 ta ci santimita 10 a cikin waɗannan hotunan, gudunta mita 0.3 ne. Ka mai da giram kilogiram: 0.2 × 0.6 = 0.12, haka kuma 0.4 × 0.3 = 0.12.

Da waɗannan lambobin za ka iya duba wani abu da ake yawan cakuɗawa da momentom, wato makamashin motsi, wanda shi ne rabin nauyi sau gudu sau gudu. A ma'aunin makamashi da ake kira jul, na A ya zama jul 0.036, na B jul 0.018. Momentom ɗinsu ɗaya, amma ƙaramar ta kwashe kashi biyu cikin uku na makamashin da sifirin ya saki. Makamashin motsi kuwa ba a adana shi a nan ba: da farko sifili ne, daga baya ya zama 0.054, ya fito ne daga matsin da ka yi wa sifirin da hannunka. Wannan rabon shi ya sa harsashi ke ɓarna alhali bindigar kafaɗa kawai take bugu. Harsashi mai giram 10 da ya fita da gudun mita 800 a daƙiƙa daga bindiga mai kilogiram 4 zai sa ta ja baya da kusan mita 2 a daƙiƙa, in an ajiye lissafin hayaƙin da ke fita tare da shi. Haka abin yake har a cikin ƙwayar zarra: idan ƙwayar sinadarin poloniyom-210 ta fashe gida biyu, ƙaramin ɓarɓashin da ake kira alfa, mai nauyi 4 a ma'aunin zarra, yakan tafi da kusan kashi 98 cikin ɗari na makamashin, dalma mai nauyi 206 ta ja baya da ɗan abin da ya rage. Roka ma haka take tafiya, tana watsa iskar gas baya da gudu, ita kuma tana yin gaba, ba tare da ta dogara da iskar waje ba.

Idan babu sifirin

Maganaɗisu biyu za su yi. Ka manna ɗaya a bayan kowace mota yadda za su riƙa korar juna, ka matso da su, ka ɗaure motocin da zare, ka ƙona. Maganaɗisu yana ci gaba da turi ko bayan motocin sun rabu, amma hakan bai ɓata hanyar shinge da kunne ba, domin a kowane lokaci nauyi sau nisa na hagu daidai yake da na dama. A hanyar bidiyo ne kawai za ka jira su yi nisa da juna kafin ka fara ƙirga. Sai dai ka kiyaye abu uku: kada teburin ya zama na ƙarfe, ka canza gwangwanin da kwalba ko faranti na tangaran don kada ya jawo motar, kuma notunan ƙarfe su yi nesa da maganaɗisun ɗayar motar. Ƙananan maganaɗisu masu ƙarfi suna matse yatsa, kuma haɗiye su hatsari ne babba ga yaro, don haka a ƙirga su kafin aiki da bayansa.

Idan babu motoci

Ka nemi ƙwallaye biyu ƙanana masu tauri da nauyinsu ya bambanta, ka auna su. Ka kafa wani abu siriri mai shafaffen kai, kamar guntun katako a tsaye a kan kujera, wanda faɗinsa bai fi ya ɗauki abin shanyar da ƙwallo ɗaya a kowane gefe ba, kowanne a bakin gaɓa. A nan sai ka bar abin shanyar sake, kada ka manna shi da katakon, domin in ka manna shi, kowane hannu zai dogara da katakon ya yi nasa turin daban, katakon ya zama ƙarfi daga waje. Ya kasance kuma nauyinsa kaɗan ne in an kwatanta da ƙwallayen. Ka baza yashi mai laushi a ƙasa a ɓangarorin biyu, ka ƙona zaren.

Ƙwallayen za su fita a kwance, ɗaya hagu ɗaya dama, su faɗo ƙasa a lokaci ɗaya, domin tsawon lokacin faɗuwa tsayi ne ke yanke shi, ba nauyi ko gudun gefe ba. Daga tsayin santimita 80, faɗuwar takan ɗauki kusan daƙiƙa 0.4. Ka rataya zare mai ɗan dutse daga inda kowane ƙwallo ya zauna don ka sami wurin da ke ƙarƙashinsa daidai, ka auna daga nan zuwa tsakiyar ramin farko da ya yi a yashi, ba inda ya gangara ya tsaya ba. Nauyi sau nisa na hagu ya kamata ya zo daidai da na dama. Wannan hanyar ta fi ta motoci tsira daga gogayya, tunda tafiyar a iska ake yin ta, amma ta fi wuyar ɗanawa: idan hannun ya bugi ƙwallo ƙasa da tsakiyarsa zai cilla shi sama, ya daɗe a iska, ya yi nisan da bai kamata ba. Ka sa ɗan kwali a ƙarƙashin abin shanyar ko ƙarƙashin ƙaramin ƙwallon har tsakiyar kowannensu ta zo daidai da hannun da zai ture shi, ka tsuguna ka duba daga gefe kafin ka kunna ashana.